Lokaci da Abin Nema a Ƙagaggun Labaran Al'ajabi na Hausa

1.0 Gabatarwa

Abin da ya haifar da wannan takarda wata tambaya ce da muka ji daga bakin wata yarinya a wata makarantar sakandare da ke Malali, cikin Kaduna, ranar da muka je duba ɗalibanmu masu gwajin koyarwa. Ɗalibin namu yana koyar da littafin Ruwan Bagaja. Da ya iso inda Alhaji Imam ya komo gida bayan shekara 15, sai yarinyar ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, wace irin cuta ce ke damun Yarima, wadda ta yi shekara 15 ba ta kashe shi ba, ba ta kuma sake shi ba?" Aji ya fashe da dariya, malamin ya ce ai labari ne kawai, ya wuce gaba. Mu kuwa da muke zaune a bayan aji sai muka ga yarinyar nan ta taɓo wani abu da mu manazarta muka daɗe muna tsallakewa.

A cikin nazarin ƙagaggun labarai mun saba da bin jigo da zubi da tsari da salo da taurari. Ba safai mukan tsaya mu tambayi yadda marubuci ya auna lokaci a cikin duniyar da ya ƙaga ba. Manufarmu a nan ita ce mu duba dangantakar da ke tsakanin abubuwa biyu a labaran al'ajabi, wato ma'aunin lokaci da kuma abin nema mai sihiri, ko ruwa ne, ko zobe, ko dutsen lu'ulu'u. Za mu fara da leƙa yadda wasu marubutan ƙetare suka haɗa su, sa'an nan mu komo gida mu auna Ruwan Bagaja da Ganɗoki da littattafan yaƙi na wannan zamani. Da'awarmu ita ce, abin nema ba ya yin nauyi a zuciyar mai karatu sai gwargwadon abin da lokaci ya ci na mai nemansa.

2.0 Ma'anar Kalmomi

Idan muka ce labarin al'ajabi, muna nufin ƙagaggen labari na zube wanda marubucinsa ya yarda aljannu da dodanni da tsafi su yi aiki a fili, kuma mai karatu ya amince da haka tun daga shafin farko. Abin nema kuwa shi ne abu guda wanda tauraro ya bar gida saboda shi, wanda samunsa ke kawo ƙarshen labari. Ma'aunin lokaci shi ne duk abin da labari ke ƙirga tsawon al'amura da shi. Yana yiwuwa ya zama kwana da wata da shekara irin namu, yana kuma yiwuwa marubuci ya ƙago nasa.

3.0 Yadda Wasu Suka Yi a Ƙetare

Misali na farko shi ne fim ɗin The Dark Crystal na Jim Henson da Frank Oz, wanda ya fito a 1982. An gina shi a kan wata duniya mai suna Thra, mai rana 3. A tsakiyarta akwai wani babban dutsen lu'ulu'u wanda ya tsage shekara 1,000 kafin labarin ya fara, kuma tsagewarsa ta raba wasu halittu gida biyu, azzalumai masu mulki da salihai masu zaman kaɗaici. Aikin tauraron, Jen, shi ne ya mayar da ɓallin da ya fita daga jikin dutsen kafin ranakun nan 3 su haɗu a sama. In ya makara, mulkin azzalumai ya tabbata har abada. A littattafan da suka biyo baya, da kuma shirin talabijin na 2019, mutanen Thra suna ƙirga zamani da wani ma'auni da ake kira trine, wato kewaye guda na duniyarsu ga babbar ranar.

Idan aka lura, wannan sabon suna bai ƙara wa labarin wani ƙarfi ba, domin kusan shekara ce aka sake wa riga. Abin da ke riƙe mai kallo shi ne haɗuwar ranakun, saboda ita ce ta ɗaure dutsen da wa'adi. Duk taku guda da Jen ya yi, sama tana ƙirga masa.

Misali na biyu ya fi zurfi. J. R. R. Tolkien, a rataye na ƙarshen The Lord of the Rings, wanda aka buga tsakanin 1954 da 1955, ya bayyana cewa wasu halittunsa da tsufa ba ya kashe su suna ƙirga zamani da yén, wanda ya yi daidai da shekararmu 144, wato kwana 52,596. Wannan ma'auni yana da dalili, domin wanda zai yi dubban shekaru a duniya shekara guda ta yi masa kaɗan ya yi lissafi da ita. Ke nan ma'aunin da kansa yana gaya mana halin masu amfani da shi. A The Silmarillion kuma, wanda ya fito a 1977, duwatsun lu'ulu'u 3 da ake ta yaƙi a kansu suna ɗauke ne da hasken wasu itatuwa 2, waɗanda da haskensu aka fara ƙirga lokaci tun ba a yi rana da wata ba. Da itatuwan suka mutu, sai duwatsun suka zama ragowar wani zamani da ba zai komo ba. Masu neman su, in an bi ta barauniyar hanya, zamanin da ya shuɗe suke nema.

Ba mun kawo waɗannan misalai don mu ce su ne mizani ba. Mun kawo su ne domin yaran da muke koyarwa suna kallon ire-irensu a wayar hannu, kuma da idon da suka kalle su suke karanta Abubakar Imam.

4.0 Ruwan Bagaja: Lokacin da Ba Ya Cin Kowa

An rubuta Ruwan Bagaja ne don gasar da R. M. East ya shirya a 1933, aka buga shi a 1934, marubucinsa yana da shekara ashirin da 'yan kai. Abin nema a cikinsa ruwa ne mai warkarwa, wanda ke can ƙasar aljannu. Imam bai ƙago wani sabon ma'aunin lokaci ba. Ya ba mu jimla guda, shekara 15, sa'an nan ya ƙyale mu. A tsakanin fita da komowa, abin da mai karatu ke ƙirgawa shi ne garuruwa. Alhaji ya shiga gari, ya yi wayonsa, ya gamu da Malam Zurƙe, ɗaya ya tarfa ɗaya, a fita a nufi gari na gaba. Ma'aunin littafin na haƙiƙa zango ne irin na fatake. Da za a cire zango biyu daga tsakiya, ko a sauya musu wuri, jimlar shekarun ba za ta motsa ba, Yarima kuma ba zai ji a jikinsa ba.

To, a nan ne tambayar yarinyar Malali ta shigo. Tana da gaskiya ta fuska guda. Da ciwon Yarima ne ke tuƙa labarin, da kowane kwana da Alhaji ya ɓata wajen ramuwar gayya a kan Zurƙe laifi ne, kuma da mai karatu ya ƙosa da shi maimakon ya yi dariya. Amma idan muka koma ga mafarin tafiyar, sai mu ga abin da ya fitar da Alhaji daga Kwantagora wulakanci ne da aka yi wa Liman, wanda ke matsayin uba gare shi, a gaban fada, saboda ya ce Ruwan Bagaja ne maganin ciwon. Abin da Alhaji ya tafi nema shi ne shaidar cewa Liman bai yi ƙarya ba. Shi kuwa mutunci a wurin Bahaushe ba ya da wa'adi. Ko bayan shekara nawa aka wanke mutum, an wanke shi. Saboda haka ciwon Yarima dole ya tsaya cik, domin shi ne ma'aunin da za a gwada gaskiyar ruwan da shi ranar da aka kawo.

Wannan ita ce amsar da ta kamata ɗalibinmu ya bayar. Duk da haka, ba za mu ɓoye abin da wannan tsari ya jawo wa littafin ba. Tun da lokaci bai ci komai na Alhaji ba, ruwan da ya kawo ba ya da nauyi a zuciyarmu. Ya fita da wayonsa, ya komo da wayonsa, sai dai ƙarin dukiya da ɗaukaka. Shi ya sa duk wanda ya karanta littafin yana yaro, in ka tambaye shi bayan ya girma, Zurƙe zai fara ambata, ba yadda aka ɗebo ruwan ba. Sunan littafin na ruwa ne, amma ransa yana hannun Zurƙe. Gwanintar Imam a raha ita ta rufe wannan giɓi, kuma wanda bai kai shi gwaninta ba, in ya bi sawunsa, giɓin zai fito fili.

5.0 Ganɗoki: Lokacin da Ya Cinye Komai

Ganɗoki na Malam Bello Kagara, yayan Abubakar Imam, ya fito daga gasa ɗaya da Ruwan Bagaja, amma ya bi wata hanya dabam. Ya fara da tarihi tsantsa, wato yaƙe-yaƙen zuwan Nasara. Mai karatu na 1934 ya san Kwantagora da Bida sun faɗi a 1901, ya san Kano da Sakkwato sun bi baya a 1903, ya kuma san abin da ya sami Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi cikin wannan shekara. Daga nan ne Ganɗoki da ɗansa Garba Gagare suka nausa gabas, labari ya bar tarihi ya shiga ƙasashen aljannu, inda takobi ke da sauran amfani kuma jarumi ke cin nasara. Da suka komo gida, sai suka tarar da wata ƙasa dabam da wadda suka bari.

Wasu manazarta suna ganin wannan littafi ya rabu biyu, rabin tarihi rabin tatsuniya, suna kuma ɗaukar haka a matsayin rauni. Mu a ganinmu wannan rabuwa ita ce ƙarfinsa. Marubucin ya ajiye agogo biyu gefe da gefe. A ƙasar aljannu zamanin jarumta bai ƙare ba. A ƙasar Hausa kuwa ya ƙare, kuma mai karatu shi ne shaida, domin a kan idonsa jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, a kan idonsa kuma aka dawo da hedkwatar Arewa daga Zungeru zuwa Kaduna, garin da bai wanzu a matsayin birni ba lokacin da Ganɗoki ya bar gida. Ba dutsen lu'ulu'u a wannan littafi, ba ruwan magani. Abin da Ganɗoki ke nema shi ne duniyar da namiji zai tsaya da takobinsa, ya kuwa same ta, amma ba ta ɗaukuwa a salka a kawo gida. Ta wannan fuska, abin da Tolkien ya sa duwatsunsa su ɗauka, wato zamanin da ba ya komowa, Bello Kagara ya riga ya faɗe shi da Hausa tun 1934, ba tare da ya ƙago dutse ko sunan shekara ba.

Ya kamata mu ƙara da cewa tunanin lokaci iri biyu ba baƙo ba ne ga Bahaushe. Duk wanda ya zauna gaban malami ya ji ƙissar As'habul Kahfi, waɗanda suka yi barcin shekara 309, suka farka suna zaton yini guda ne ko sashensa, har kuɗin da ke hannunsu ya tona tsawon zamanin. Wannan gaskiya ce ta addini, ba mu haɗa ta da ƙagaggen labari ba. Abin da muke nufi kawai shi ne, zuciyar mai karatun Hausa a shirye take ta karɓi labarin mutumin da ya komo ya tarar zamani ya wuce shi.

6.0 Littattafan Yaƙi na Wannan Zamani

Bayan waɗannan biyu an sami Iliya Ɗan Maiƙarfi na Ahmadu Ingawa a 1951, da Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo a 1969, inda Kilba ya bi Kolin Koliyo zuwa sararin samaniya. Daga shekarun 1990 kuma, cikin abin da ake kira adabin kasuwar Kano, aka sami wani reshe da masu karatu ke kira littattafan yaƙi, wanda Abdul'aziz Sani Madakin Gini na cikin fitattun marubutansa. A nan ne abin nema mai sihiri ya yawaita: takobin tsafi, zobe, madubin boka, kundi, da dutsen lu'ulu'u da ke ɓoye a kogo ko ƙarƙashin teku. Waɗannan marubuta sun cancanci yabo, domin sun riƙe samari ga karatun Hausa a lokacin da fim da waya ke jan su. Amma a waɗanda muka karanta mun lura da matsala biyu game da lokaci.

Ta farko ita ce kumburin lissafi. Boka ya shekara dubu yana tsafi, aljani ya shekara dubbai yana gadin dutse, sarki ya tara dakarun da ƙasa ba za ta ɗauka ba. Da farko adadin yakan ba da mamaki, amma in kowa a littafi ya shekara dubu, to dubu ta zama ɗaya. Aljanin da aka ce ya ga ƙarnuka yana magana da fushi da gaggawa kamar saurayi ɗan shekara 20, ba abin da tsawon rai ya koya masa ko ya raba shi da shi. An faɗi shekarun, ba a nuna su ba.

Ta biyu ita ce shigar agogo inda ba agogo. Sau da yawa akan auna tsawon gumurzu da sa'o'i da daƙiƙoƙi ƙididdigaggu, alhali duniyar labarin ta dawaki ce da masu da garkuwa, ba wanda ke ɗaure da agogo a hannu. Wa ya duba, ya ƙirga? Wannan ƙididdiga ta marubuci ce da ke zaune a ɗakinsa, kuma duk lokacin da ta fito sai ta fizgo mai karatu daga cikin labarin.

Sakamakon waɗannan biyu shi ne dutsen sihirin ya zama kamar kaya a kanti. Ana neman sa don an ce a neme shi, in an samu a shiga neman na gaba a littafi na biyu. Ba wa'adin da ke matsa tauraro, ba kuma abin da jinkiri ke ci.

7.0 Abin da Ke Rumbunmu

Ba muna kira ga marubutanmu su ƙago baƙin kalmomi su liƙa wa shekara ba, mun riga mun ga wannan kaɗai ba ya ƙara komai. Masu iya magana sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Bahaushe yana da hanyoyin auna lokaci da suka fi dacewa da duniyar jarumai. Yana raba yini da asuba da hantsi da walaha da azahar da la'asar da magariba da lisha. Yana raba shekara da bazara da damina da kaka da ɗari. Yana auna nisa da zango, yana tuna shekara da abin da ya auku a cikinta, kamar yadda tsofaffi suka riƙa lissafin haihuwa da yunwar Kakalaba ta 1914. Malamai da manoma kuma suna da lissafin taurari 28, kowace tana kwana 13, in ban da guda mai kwana 14, jimla kwana 365. Marubucin da ya ce ƙofar kogo ba ta buɗuwa sai daren da Kaza da 'Ya'yanta suka fito a wuri kaza, ya ɗaure abin nemansa da sama, ya kuma yi haka da abin da kakar mai karatu ta sani. Ita kanta tauraruwa mai wutsiya agogo ce, domin wadda ake kira Halley ta bayyana a 1910 da 1986, ana kuma sa ran ta a 2061, wato kusan tsawon ran mutum guda tsakanin fitowa da fitowa.

Daɗin daɗawa, labarin asalinmu ya riga ya nuna hanya. A labarin Bayajida, macijin rijiyar Kusugu ba ya barin mutanen Daura su ɗebi ruwa sai ranar Juma'a. Wato abin nema, ruwa, yana ɗaure da ma'aunin lokaci, mako, kuma gari duka yana rayuwa bisa wannan ƙa'ida. Bayajida ya iso a ranar da ba ta ɗiba ba, ya ƙi jira. Da ya kashe macijin, ya sake wa Daura lissafin kwanakinta. Ga abin nema, ga wa'adi, ga kuma abin da jira ke ci, duk a cikin ɗan gajeren labari da kowane ɗan firamare ya sani.

8.0 Kammalawa

A cikin wannan takarda mun yi ƙoƙarin nuna cewa a Ruwan Bagaja lokaci ya tsaya domin mutunci ne abin nema na haƙiƙa, a Ganɗoki lokaci shi ne abokin gabar da takobi bai kama shi ba, a yawancin littattafan yaƙi kuwa an yawaita adadi har ya rasa nauyi. Muna ba da shawara ga malamai masu koyar da adabi a kwalejojin ilimi su sa nazarin lokaci cikin abin da suke koya wa ɗalibai, kusa da jigo da salo. Tambayoyi uku sun isa a fara da su: da me labarin ke ƙirga kwanakinsa, me zai faru in tauraro ya makara, me kuma tafiyar ta raba shi da shi?

Ɗaliban da muke yayewa su ne za su tsaya gaban yara irin yarinyar nan ta Malali. In duk lokacin da yaro ya yi tambaya mai ma'ana aka ce masa ai labari ne kawai, zai ɗauka littattafanmu ba su jure tambaya, ya koma ga na wasu. Alhali kuwa, kamar yadda muka gani, Ruwan Bagaja yana da amsar da zai ba ta, sai dai malamin bai neme ta ba. Muna fatan mahalarta za su gyara mana inda muka yi kuskure, su kuma faɗaɗa binciken zuwa Magana Jari Ce da tatsuniyoyin Gizo, waɗanda lokaci bai ba mu damar taɓawa ba.